Yawon ɗanɗana kayan suya a Sakkwato: a ƙafa da ɗan gari, ko a keke zuwa shagunan donot?

Taubashina ne ya jawo wannan maganar. Bakano ne, ɗan ƙanwar babana, ya yi karatu a Amurka ya dawo, da ya zo mana biki Sakkwato sai ya ishe ni da wai in kai shi irin yawon da ya taɓa yi a Chicago, inda ake biyan kuɗi wani jagora ya tara mutane kamar goma ya riƙa zagawa da su a ƙafa daga shagon donot zuwa wani, kowane shago a ɗan gutsura maka ka ɗanɗana, a hanya kuma yana ba ku labarin unguwar. Na ce masa kai dai Kanawa ba ku rabo da neman abin kashe kuɗi, yanzu fanke ne sai an yi maka jagora? Amma da yake sati guda ya yi, kuma ni ne mai masaukin, sai da muka gwada abin ta hanya uku, shi ya sa nake ganin zan iya faɗa wa wanda ke da baƙo ko wanda zai shigo garin wacce ta fi, don wallahi ba ɗaya ba ne.

Yadda suke yi a can, kamar yadda ya ba ni labari, tafiyar wajen awa biyu ce, a tsaya wuri uku ko huɗu, ka biya tun kafin ranar ta intanet, kuɗin ya haɗa da abin da za ka ci. Kuma garuruwansu kowane da abin da ya yi suna da shi, New Orleans suna da wani fanke mai kusurwa huɗu da ake barbaɗa wa garin sukari, shagon Café du Monde ke sayar da shi tun 1862, a Lisbon ta Fotugal akwai Pastéis de Belém da ke gasa ɗan kek ɗinsu na ƙwai da madara tun 1837, New York kuma a 2013 wani mai gasa burodi ya haɗa donot da kurosan, wani irin burodin Faransa, ya kira shi Cronut mutane suka riƙa bin layi tun asuba. Abu ɗaya da zan ce wa duk wanda zai yi irin wannan yawon a waje, ya tambaya kafin ya kai baki, don akwai masu sa kitsen alade a kwaɓi ko a suya, akwai masu ɗora naman alade a kan donot ɗin kansa, wasu kuma da giya a cikin kirim. Mu nan wannan ba ta taso ba, damuwarmu daban ce, rana ce da lokaci da kuma sanin ƙofar da za a ƙwanƙwasa.

Hanya ta farko, wadda na fi yarda da ita, ita ce a ƙafa da sassafe tare da ɗan unguwa a cikin tsohon gari. Mu wani abokin yayana ne ya ja mu, haifaffen wajen Kanwuri ne, duk wani lungu tsakanin Fadar Sarkin Musulmi da Hubbaren Shehu da Tsohuwar Kasuwa ya san shi kamar yunwar cikinsa. Bayan sallar asuba muka fita, gari bai gama wayewa ba. Wurin farko da ya kai mu ba shago ba ne, babu allo babu komai, wata dattijuwa ce a ƙofar gida ta ɗora tanda a murhu, hayaƙin itace na shiga mata ido tana gyara wuta da ƙafa, yara sun kewaye ta da kwanoni kowa na jiran layinsa. Ta ɗebo ƙullu da ludayi ta zuba a ramukan tandar ɗaya bayan ɗaya, kafin ta kai na ƙarshe na farko ya fara ƙananan ƙofofi a sama, sai ta sa cokali ta juya shi, gefen ya yi ja ya ɗan ƙone kaɗan, cikin kuma fari sol da laushi. Taubashina ya durƙusa ya gaishe ta ya ce Inna a ba mu waina. Ta ɗago ta dube shi ta dubi jagoranmu ta ce, "Wanga baƙo na? Ɗana, nan masa ta, ba waina ba." Har muka bar garin yara a gida suna kiran shi mai waina.

To ga inda jagora ke da amfani. Masa abu ce mai lokaci. Shinkafar tun jiya aka jiƙa aka markaɗa aka sa yis ta kwana ta tashi, abin da aka kwaɓa shi ke nan, in ya ƙare ya ƙare sai gobe, kuma mai kyau ba ta kai hantsi. Wanda bai san gari ba zai fito ƙarfe goma ya samu wadda ta huce a cikin bokitin roba ta yi gumi, ya ci ya ce ai masar Sakkwato ba wani abu ba ce. Shi kuwa ɗan gari ya san wacce ke fara suya da wuri, wacce ƙullunta ke yin tsami in an makara, wacce ke yin ta gero ba ta shinkafa ba, sai ya jera muku tafiyar yadda duk inda kuka isa abin na sauka daga wuta. Daga masa muka wuce wajen mai ƙosai da koko, daga nan fanke, mu nan in bakin ya saki sai ka ji an ce hwanke, sannan funkaso a wani zaure. Duka tafiyar ba ta fi awa biyu ba kuma ba mu yi nisa ba, lungu ne kawai ake shiga a fita.

Bari in tsaya kan fanke kaɗan tunda shi ne ɗan uwan donot na kusa kuma a kansa muka fi musu. Asalinsu ɗaya, fulawa da yis da sukari da mai mai zafi. Bambancin a kwaɓi yake. Na fanke ruwa-ruwa ne, da hannu ake ɗebowa a matse ta tsakanin yatsu ya faɗa cikin mai ya mulmule da kansa, shi ya sa cikinsa ke da ramuka kuma yake jan baki. Na donot mai tauri ne, an sa bota da ƙwai da madara, a murza a yanka da rami a tsakiya a bar shi ya sake tashi kafin a soya, sai a birkiɗa shi cikin sukari ko a shafa masa cakulan. Donot na iya jira a gilashi har yamma, fanke kuwa minti goman farko ne rayuwarsa, in ya huce mai ya kwanta a jikinsa sai ya koma kamar roba. Taubashina da bakinsa ya ce fanken da ya ci a tsaye a gaban kasko yana hura yatsu ya fi wasu donot ɗin da ya biya dala a kansu, amma na leda da muka saya da rana don gwaji ko rabi bai ci ba. Funkaso shi kuma na alkama ne, ya fi nauyi, da miyar taushe aka fi saninsa amma in aka zuba masa zuma yana shiga sahun kayan zaƙi sosai, sai dai ku raba ɗaya ku biyu in ba haka ba tafiyar ta ƙare a nan, ciki ya cika.

Ƙari a kan ci, tafiyar ƙafa a tsohon gari tana zuwa da labari kyauta. Kana tauna ƙosai ana nuna maka Masallacin Shehu da Masallacin Bello, ana gaya maka Muhammadu Bello ne ya kafa garin a matsayin cibiya a 1809, Shehu Usmanu kuma a nan ya rasu a 1817 ga hubbarensa, ana lissafa maka ƙofofin gari irin su Ƙofar Rini, Ƙofar Marke, Ƙofar Kware, Ƙofar Atiku, Ƙofar Taramniya. Baƙo da ya zo daga nesa wannan ma kaɗai ya ishe shi riba. Sai dai in za ku shiga Hubbare ku gama cin ku, ku wanke hannu tukuna, ba wurin shiga da ledar fanke ba ne.

Aibinta fa? Akwai. Na ɗaya tashin asuba, wanda ba ya iya rabuwa da bargo ya haƙura. Na biyu babu wurin zama, a tsaye za ka ci ko a kan benci in an yi sa'a, ga ƙura ga babura na wucewa ta gefenka. Na uku duk abin ya dogara ne ga mutumin da ya ja ku, in ka faɗa hannun wanda kawai zai kai ka wajen 'yan uwansa don su yi ciniki to ka sha. Kuma maganar sallamarsa tana da ɗan nauyi, don ba farashi ne a rubuce ba, namu da na miƙa masa kuɗi sai da ya ɓata rai ya ce ashe haya muka ɗauke shi, daga baya dai turare da kati na waya muka kai masa. In wanda ba ka sani ba ne aka haɗa ku, gara ku yi magana a fili tun kafin a fita, nawa ne nasa, kuma wa zai biya abin da aka ci.

Hanya ta biyu ita ce a ɗauki shatar keke napep ko a hau kabu-kabu a zaga gidajen burodi da shagunan kek na sabbin unguwanni. Wannan ita ce ta fi kama da abin da taubashina ya sani, donot da mitfai da samosa da bons da kek a jere cikin gilashi, ga fanka ko iyakwandishan, ga kujera, ga lemo mai sanyi, kana iya biya da kati ko tiransifa. Irin waɗannan wuraren sun fi yawa a manyan tituna, wajen Ahmadu Bello Way, Emir Yahaya, titin Maiduguri, da ɓangaren Gawon Nama zuwa Arkilla, sai kuma Mabera. Amma kar wani ya ruɗe ka da cewa za ka yi ta a ƙafa, tsakaninsu da nisa, titunan a buɗe suke babu inuwa, kuma wanda ya san ranar Sakkwato a watan Afrilu da zafi ke haura digiri 40 ya san ba a wasa da ita. Dole abin hawa, kuma da zarar ka shiga keke to labarin unguwa ya tafi, saura ƙarar inji da hon.

Gaskiya ban raina ta ba. In baƙonka tsoho ne, ko mace mai ciki, ko kana tare da ƙananan yara, ko mutum ne mai laulayin ciki da ko ruwan wani gari ya sha sai ya kwana yana zarya, wannan ce tasa. Ba ta da lokaci, ko bayan la'asar ka fita za ka samu. Matsalarta ɗaya ce babba, kusan duk ɗanɗanonsu ɗaya. Shago na farko donot, na biyu donot, kafin na uku taubashina ya ce wannan ai ko a Zoo Road ta Kano zai samu irinsa, kuma gaskiyarsa ne, babu abin da ke nuna maka a Sakkwato kake. Sannan a wani shago da ba zan faɗi sunansa ba an ba mu mitfai da aka ɗumama, waje zafi ciki sanyi, dankalin ya fara tsami, da na yi magana yaron ya ce wai na safe ne, na ce safiyar wace rana? Abin da na koya shi ne ka tambayi ƙarfe nawa suke fitar da sabo daga oben ka daidaita zuwanka da shi, kuma duk abin da ke da nama ko kirim a ciki ka yi hattara da shi lokacin zafi, don wuta na ɗaukewa firji ya tsaya. Ta kuɗi kuma ita ta fi tsada nesa ba kusa ba, abin da muka kashe a donot huɗu da lemo da shatar keke ya ninka abin da muka ci mu uku da safe har muka kasa tashi.

Ta uku ita ce ka fita kai kaɗai da wayarka. Wannan ba zan ɓata lokaci a kanta ba. Google Maps zai nuna maka shagunan kek, ba zai nuna maka Inna mai masa ba. Taubashina ya gwada ranar da na je aiki, ya dawo da ledar cincin irin na kanti da ciwon kai.

Amma akwai wani ɓangare da duk hanyoyin nan uku ba su kai mu ba sai da ƙanwata ta shigo ciki, kuma a ganina nan ne ainihin abin da ya kamata a kira kayan zaƙin garin nan. Alkaki, dubulan, nakiya, gireba mai kyau, waɗannan ba a bakin titi ake soya su ba, a cikin gida mata ke yi, galibi don gara da biki da suna da sallah, kuma namiji baligi ba ya faɗawa gidan mutane. Da jagora namiji iyakarku zaure, a aiki yaro ya shiga ya fito da abin a kwano, ka ci amma ba ka ga komai ba. Matar taubashina kuwa da ƙanwata ta kai ta gidan wata Hajiya da ke yin kayan gara, ta dawo tana ba mu labari har da bidiyo, yadda ake kwaɓa ɓarzajjen alkama a bar shi ya kwana ya yi ɗan tsami, a murza shi siriri a naɗe a hannu, a soya, yana fitowa daga mai a tsoma shi cikin sukarin da aka dafa da tsamiya ya yi danƙo, ya sha ya ƙoshi sannan a tsame. Dubulan kuma fulawa ce ake murzawa fale-fale a yanka a lanƙwasa kamar fure. Nakiya ba ta ma shiga kaskon mai, garin shinkafa ne da citta da kanumfari da masoro, a haɗa da zuma ko sukari da man shanu a kirɓa a turmi, kuma tana yin watanni ba ta lalace ba, shi ya sa ta fi komai dacewa da tsaraba. Saboda haka in a cikin baƙinku akwai mata, ku nemi jagora mace, ta fi namiji amfani a wannan harkar nesa. Kuma a yi waya kwana biyu ko uku kafin ranar, don ba kullum ake yi ba, sai an samu oda, in kun yi sa'a kun dace da satin da ake haɗa garar wata amarya to za ku ga komai a wuri ɗaya.

Af, na manta hoce. Ba kayan zaƙi ba ne, na dawa ne kuma gasa shi ake yi, an fi cin sa da ƙuli a yi datu, wato kwaɗo, amma in baƙo na son abin da ba zai samu a shagon kek na garinsu ba to a nema masa. Taubashina ya ce kamar ya ci katifa, matarsa kuma ta nemi ƙari, kowa da bakinsa.

Lokacin shekara ma na sauya lissafin. Da hunturu, Disamba zuwa Janairu, tafiyar ƙafa ta safe daɗi ne da ita, ga sanyi ga koko mai zafi, sai dai a sa takunkumi saboda ƙura. Daga Maris zuwa Mayu in ba ku gama kafin ƙarfe tara ba to ku koma keke. Da damina lungunan tsohon gari na yin caɓi, a sa takalmin da ba a jin tausayinsa. Da azumi kuwa komai juyawa yake, masu suyar safe sukan koma yamma, daga la'asar sakaliya zuwa magariba ko'ina ƙosai ne da masa da kunu, ba za ka ɗanɗana a hanya ba sai dai ka tara a leda ka kai gida a sha ruwa, amma ta fuskar yawan kaya a lokaci guda babu kamarsa.

Ƙananan abubuwa da za su cece ka in ka zaɓi ta ƙafa, ka riƙe canji ƙanana don dattijuwar da ke gaban tanda ba ta da lokacin jiran alat, ka riƙe ruwanka, ka dubi man da ake suya da shi, in ya yi baƙi ƙirin yana kumfa yana hayaƙi ka wuce ko da jagora ya yabe ta. Kar ku wuce mutum huɗu ko biyar, lungu ba ya ɗaukar tawaga kuma za ku tare wa masu saye hanya. Kar a ɗaga waya a ɗauki mace hoto ba a tambaye ta ba, mu sai da jagoranmu ya ce Inna baƙo na son ɗaukar tanda, ta ja mayafi ta ce a ɗauki tandar ban da ita. Mai ciwon suga kuma ya tsaya a ƙosai, ya bar alkaki ga masu lafiya.

To in ka tambaye ni wacce, ga yadda zan raba. Baƙo mai ƙafa da lafiyar ciki da ke da safiya ɗaya tak a garin, a ƙafa da ɗan tsohon gari, ba tantama. Mai iyali da yara ko dattijo, ko wanda ya shigo tsakiyar bazara, keke da shaguna, amma shago biyu sun isa, na uku ɓarnar kuɗi ne. Mai neman tsaraba ko mai son ganin yadda ake yi, a haɗa shi da mace 'yar gari a yi oda tun da wuri. Wanda ke da kwana biyu ya yi ta safe ranar farko, rana ta biyu a je ɗauko alkaki da nakiya, donot kuma ya bari sai ya koma garinsu.

Ranar da za su tafi sai da taubashina ya sa na tashe shi da asuba muka koma wajen Inna, wai zai yi guzurin hanya. Mun ɗan makara, muna isa tana kankare tanda, ta dube shi ta yi dariya ta ce, "Mai waina, ta ƙare, sai gobe da sahe." Da nakiya da alkaki kawai ya hau mota, ya kira ni daga Gusau yana tambaya ko masa na jure tafiya in an saka ta a motar haya.